Ruwan Amo: Raddi Ga Masu Hana Marubuci Mafarki

A wani zaman marubuta da muka yi kwanakin baya, wata yarinya da ba ta wuce shekara 22 ba ta miƙe ta karanta mana gajeren labarinta. A wata ƙasa da ta ƙago, akwai rijiya guda tak a gindin dutse. Ruwanta a ido kamar kowane ruwa yake, ana ma iya shan sa. Sai dai in ka ɗebe shi a gora, ka kafa baki ka yi magana, ka toshe da kakin zuma, to maganar nan ta kwanta a ciki. Ko bayan shekara ɗari aka buɗe, muryar za ta fito yadda aka zuba ta, har da tari da ajiyar zuciya. Sau ɗaya take fitowa, daga nan ruwa ya koma lami. Mutanen ƙasar suna ce masa ruwan amo.

Ba ta kai ƙarshe ba wani dattijo daga cikinmu, mutumin da duk muke ganin girmansa, ya katse ta. Ya ce wannan kwaikwayon littattafan Turawa ne. Ya ce ruwa ba ya riƙe magana, don haka ƙarya ce tsagwaronta. Ya ce a lokacin da jama'a ke fama da yunwa da rashin tsaro, abin kunya ne marubuci ya zauna yana wasa da gora mai magana. Aka yi dariya. Yarinya ta naɗe takardarta ta zauna. Da muka haɗu bayan makonni, ta ce mini ta ajiye labarin, za ta koma rubuta abin da ake so.

Ina wurin ranar, kuma ban ce uffan ba. Bashin wannan shirun na zo biya. Malam, ina ganin girmanka, kuma a littattafanka na koyi haɗa jimla. Amma a wannan magana ba ka yi daidai ba, kuma kuskuren naka ba naka ba ne kai kaɗai. Ra'ayi ne da ya yi katutu a tsakaninmu, daga Damagaram har Yamai, daga Garwa har zangon Kumasi, yana kashe alƙalumma tun ba su yi ƙwari ba.

Mu fara da zancen kwaikwayon Turawa. Duk wanda ya ce ruwa mai abin al'ajabi baƙo ne a adabin Hausa, to ya manta da ƙofar da ya shigo. A 1933 Rupert East ya shirya gasar rubuta ƙagaggun labarai a Zariya, kuma littafin da ya fi kowanne shahara a cikin waɗanda gasar ta haifar shi ne Ruwan Bagaja na Abubakar Imam. Mene ne jigonsa? Wani ruwa da babu shi a kowace rijiya ta duniya, wanda mutum ya bar gida ya shiga uwa duniya nemansa domin a warkar da ɗan sarki. A gasar nan dai aka samu Ganɗoki na Bello Kagara, wanda jaruminsa ya gama da Turawa ya zarce ƙasashen aljanu. A Magana Jari Ce, aku ne ke riƙe da zaren labarai har ya zama waziri. A 1969 Umaru Dembo ya ɗauki yaro Bahaushe ya kai shi sararin samaniya a Tauraruwa Mai Wutsiya. Rubutaccen ƙagaggen labarin Hausa a kan ruwan mu'ujiza ya koyi tafiya. Yau kuma jikar Imam ta zo da nata ruwan, sai mu ce ta yi sata a gidan Bature?

Bar ma littattafai, saurari bakinka. In mutum ya cika surutu, me muke cewa? Yana ta zuba. In ya faɗi abin da bai kamata ba, ya yi ɓarin zance. In ya shiga abin da ba ruwansa, ya tsoma baki. Malami yana kwararo bayani, hira tana yin zurfi, labari yana malala gari. Harshenmu tun fil azal kallon ruwa yake yi wa magana. Yarinyar nan ba ta yi komai ba illa ta ɗauki abin da muke faɗa kullum ba tare da lura ba, ta ce to, a ce da gaske ne fa? Kuma duk wanda ya tashi a gidan Hausa ya ga an rubuta allo an wanke an sha, ya ga an yi tofi a ruwa an ba marar lafiya. Allah ya tsare ni da haɗa ayarsa da tatsuniya, ba abin da nake yi ke nan ba. Abin da nake nunawa shi ne, tunanin ruwa ya ɗauki kalma ya daɗe a zuciyar Bahaushe, ba sai an auno masa shi daga Ingila ba.

Akwai kuma abin da ya fi ci mini rai. Da yawa daga cikin masu wannan suka, mu da muka yi lakwal a ƙasashen da ake karatu da Faransanci, sun san Rabelais. A littafinsa na huɗu, wanda ya fito a 1552, matafiya cikin jirgin ruwa sun isa wani yanki mai tsananin sanyi, suka riƙa jin ƙara da ihu ba su ga kowa ba. Ashe wani yaƙi aka yi a wurin lokacin hunturu, sanyi ya daskarar da sautin, sai da zafi ya fara shigowa yake narkewa. Har Pantagruel ya damƙo daskararrun kalmomi ya watsa a cikin jirgi, suna narkewa ana jin su. Wannan muna karanta shi da ladabi, mushe yana bayani muna rubutawa, muna cewa adabi ne mai zurfi. Da yarinyarmu ta zo da makamancinsa da Hausa, sai ya zama shirme. To a faɗa mini, wane ne mai bautar Turawa a nan? Wadda ta yi mafarki da harshen uwarta, ko wanda ba ya yarda da mafarki sai an yi shi da Faransanci?

Sai zancen cewa ruwa ba ya riƙe magana. Gaskiya ne, in ka yi magana a bakin randa ka rufe, gobe ba abin da za ka tarar. Sauti motsi ne, girgiza ce da ke bi ta cikin abu, kuma tana raguwa har ta ƙare. Amma wanda ke son ya kafa hujja da kimiyya, ya kamata ya bi ta har ƙarshen layi. Sauti ya fi gudu a ruwa fiye da a iska: a iska yana cin kimanin mita 343 a daƙiƙa, a ruwa kuwa kusan mita 1,480. Kuma akwai lokacin da ƙwaƙwalwar kwamfuta ba komai ba ce illa sauti da aka tsare a cikin abu mai ruwa-ruwa. Kwamfutar EDSAC da ta fara aiki a jami'ar Kambirij a 1949 tana da bututai masu tsawon kusan mita ɗaya da rabi, cike da zaiba. A bakin bututu akwai wani ɗan dutse da ke mayar da lantarki ya zama bugun sauti. Bugun ya ratsa zaiba cikin kusan kashi ɗaya bisa 1,000 na daƙiƙa, ya isa ɗaya bakin, a mayar da shi lantarki, a ƙara masa ƙarfi, a sake turo shi ta farko. Haka lambobi ke ta kewaya a cikin zaiba har lokacin da ake bukatarsu. UNIVAC I da aka yi a Amurka a 1951 ita ma da zaiba take tuna abu. In an ɗauke wuta komai ya tafi, na yarda. Amma injiniyoyin da suka gina waɗannan na'urori, da a zamanmu suka fara faɗin tunaninsu, da dariya za mu kore su.

Ga wani kuma. A 1857 wani Bafaranshe mai suna Édouard-Léon Scott de Martinville ya ƙera na'urar da ke zana girgizar murya a kan takarda da aka shafe da baƙin hayaƙi. Shi niyyarsa a riƙa karanta zanen da ido, bai yi tunanin za a saurara ba. Wani zane da ya yi a 1860 ya kwanta shekara 148, sai a 2008 masu bincike a Amurka suka bi shi da kwamfuta, murya ta fito. Muryar mamaci daga cikin baƙin hayaƙi. In wannan ba gorar yarinyar nan ba ce, ƙanwarta ce.

Duk da haka ba na so in jingina hujjata a kan cewa wata rana za a iya ƙera ruwan amo. Ko da ba za a taɓa iyawa ba, labarin bai zama ƙarya ba. Ƙarya ita ce ka faɗi abin da ba haka ba kana so a gaskata ka. Mai tatsuniya kuwa tun daga buɗe baki ta sanar da kai inda za ta kai ka, in ta gama kuma ta jingina abin ga gizo kowa ya watse. Babu yaron da ya taɓa zuwa daji neman ƙoƙi don ya gaishe ta. Yarjejeniya ce tsakanin mai faɗi da mai ji, kuma kakanninmu mata da ba su taɓa shiga aji ba sun fahimce ta sarai. Abin mamaki ne a ce masu digiri ne ta gagara.

Yanzu ga zargi mafi nauyi, wanda ya cancanci a tsaya a kansa: wai labarin ba ya da amfani ga mutanen da ke cikin wahala. Malam, da ka bari ta kai ƙarshe, da ka ji abin da na ji daga baya, da na roƙe ta ta ba ni takardun. A ƙasar nan tata an yi fari na shekara uku. Rijiyoyi sun ƙafe. Abin da ya rage a wani ƙauye shi ne ɗakin ajiya mai goruna ɗari da wani abu, kowace da muryar wani kaka: wanda ya faɗi iyakar gonaki, wadda ta faɗi maganin ciwon ido, wanda ya jero asalin zuri'a. Yara suna mutuwa da ƙishirwa. In an buɗe gora an sha, murya ta fita sau ɗaya ta tafi har abada. Sai mutanen ƙauye suka zauna shawara: wa za a fara sha? Wace murya za a bari ta zama ta ƙarshe? Kuma wa zai zauna ya haddace abin da ke fitowa kafin ya ɓace?

Ka ce a rubuta yunwa. Ga yunwa nan an rubuta, ta wata kusurwa da rahoton ƙungiyar agaji ba zai taɓa hangowa ba. Duk wanda ya ga iyali sun sayar da gonar gado a shekarar fari, ko sun rabu da littattafan kakansu don su sayi tiya biyu ta hatsi, ko sun bar garin da kaburburan iyayensu suke saboda ƴan bindiga, ya san ciwon da labarin ke taɓawa. Talauci ba ciki kaɗai yake ci ba, har tarihin mutum yake cinyewa. Wannan gaskiyar tana da wuyar faɗi kai tsaye ba ta zama wa'azi ba. Da gora guda yarinyar nan ta faɗe ta.

Ni kaina abin ya taɓa ni a inda ban zata ba. Mu da muka tashi a zamanin kaset mun san yadda ƴan ci-rani ke aiko da murya gida daga Abijan ko Libiya, a taru a tsakar gida a saurara, tsohuwa tana amsa wa rediyo kamar ɗanta na gabanta. Ina da kaset guda da na ɗauki kakata tana tatsuniya. Na ajiye shi shekaru ina cewa sai na samu natsuwa zan juye shi. Ranar da na saka shi, zaren ya manne, ya tsinke. Gorata ta fashe ban sha ba, ban ji ba. Kuma wannan ba matsalata ba ce ni kaɗai. A Yamai akwai cibiyar CELHTO, wadda tushenta ya faro tun 1968 domin tattara tarihin baka, yanzu tana ƙarƙashin Tarayyar Afirka. Gidajen rediyonmu ma sun ɗauki muryoyin mawaƙa da masana tarihi da ba za a sake yin irinsu ba. Faifai da kaset kuwa ba sa jure zafi da ƙura har abada. Yau kuma muryoyin iyayenmu suna cikin wayoyi, a saƙonnin WhatsApp, ranar da waya ta faɗa ruwa ko aka sace ta, shi ke nan. Tambayar wace murya za a ceta, wace za a bari ta tafi, tambaya ce da ke gabanmu yanzu haka, ko mun yi ta da baki ko ba mu yi ba.

Bi ruwan amo gaba kaɗan ka ga inda zai kai ka. In murya tana zama a ruwa, to za a yi mata algus, yadda ake yi wa nono. Wani zai haɗa gora biyu ya fitar da maganar da ba wanda ya taɓa faɗa, ya kai gaban alƙali a shari'ar gado. Shin wannan ya yi nisa da zamanin da ake yanka sautin malami ko ɗan siyasa a liƙa a watsa, zamanin da kwamfuta ke iya kwaikwayon muryar mutum har matarsa ta ruɗe? In rijiyar guda ce, sarki zai sa mata dogarai. Muryar wa za a riƙa adanawa, ta talaka ko ta fada? Bayan shekara ɗari, in an buɗe goruna aka ji kirarin sarki kaɗai, jikoki za su ce zamanin adalci ne. Hausawa sun ce magana zarar bunu ce. A ƙasar da ake iya mayar da bunun a ajiye, wa zai ƙara sakin baki a gaban matarsa ko abokinsa? Marubucin da ke zaune a inda faɗin wasu abubuwa ƙarara ke iya jawo masa kwana a wani wuri, irin wannan labari shi ne rigar da zai sa ya fita kasuwa. Aku ya gaya wa sarki abin da bafade ba zai iya ba.

Wani abin da ya kamata dattawanmu su tuna: su ma an yi musu. A shekarun 1990, lokacin da littattafan soyayya suka cika kasuwa, lokacin su In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino da rubuce-rubucen Balaraba Ramat Yakubu, masana sun raina su, aka laƙaba musu adabin kasuwar Kano, aka ce suna ɓata tarbiyya. Yau a jami'o'i ake nazarin su, kuma an gane cewa a cikinsu ne aka yi muhawarar auren dole da karatun ƴaƴa mata. Wanda aka rufe wa ƙofa jiya har ya sha wuya kafin ya shiga, bai kamata yau ya zama mai gadin da ke korar na baya ba.

Sai dai ba zan rufe ba tare da na juyo kan ƴan'uwana masu rubuta irin waɗannan labarai ba, domin su suka ba masu suka sandar dukansu. Da yawan abin da ake zuba mana da sunan labarin al'ajabi lalaci ne. Jarumi ya shiga tsaka mai wuya, sai ya murza zobe. An kashe shi, sai wani tsoho ya ɓullo da kwalba. Sunayen birane daga finafinai, takubba masu aman wuta a kowane shafi, aljani yana gama aikin da marubuci ya kasa. Sihirin da ba ya da iyaka ba ya da daɗi, domin in komai zai yiwu, mai karatu ba ya da abin tsoro, ba ya kuma da abin fata. Irin wannan, in Malam ya kira shi ɓata lokaci, ba zan yi musu ba.

Abin da ya raba labarin yarinyar nan da waɗancan ƙa'ida ce guda: sau ɗaya ake ji. Daga wannan ƙa'idar duk zafin labarin ya fito. Bazawarar da mijinta ya bar mata gora, in ta buɗe ta rasa, in ba ta buɗe ba ba ta ji ba. Cire wannan ƙa'ida, ruwan amo ya koma rakoda kawai, ba wanda zai zubar masa da hawaye. Saboda haka duk mai son ƙago abin da babu, ya zauna ya yi masa hisabi kamar ɗan kasuwa. Daga ina yake fitowa? Nawa ne kuɗinsa, wa ke iya saye? Me ke lalata shi, zafi ko tsufa ko hayaniya? Wace sana'a ya haifar, wace ya kashe? Maroƙa da ƴan aike da masu shela, ina suka koma? Wace sabuwar sata ta ɓullo, wane sabon zagi, wane karin magana? Me malaman ƙasar suka ce a kansa? In ka amsa waɗannan, ko kashi ɗaya cikin goma ba ka sa a labarin ba, mai karatu zai ji ƙasa a ƙarƙashin ƙafarsa. Wannan aiki ya fi rubuta abin da ka gani a unguwarku wuya, don a can unguwar ta riga ta yi maka rabin aikin.

Ba na cewa kowa ya bar rubutun zahiri. Muna bukatar masu rubuta kasuwa da asibiti da sansanin gudun hijira yadda suke, kuma Malam yana cikin gwanayen wannan fage. Abin da na ƙi shi ne a ce gona guda ce halal, sauran duk a bar su su yi ciyawa. Yaranmu suna kallon finafinan ƙasashen da ba a taɓa yi ba, da Turanci da Indiyanci da fassara, suna kwana a kansu. In ba su samu irin wannan da Hausa ba, darasin da za su ɗauka shi ne Hausa harshen cefane ne da gaisuwar mutuwa, in za a yi mafarki sai a nemi wani. Ranar da suka yarda da haka, ba mai karanta littafin zahirin ma.

Malam, ga roƙona. A zama mai zuwa ka bar ta ta karanta har ƙarshe. In ta gama ka kama ta da tambaya, ka ce me ya sa ba su rubuta abin da ke cikin gorunan ba tun kafin fari, ka ce wa ya haƙa rijiyar, ka matsa mata har ta yi gumi. Wannan suka ce, kuma za ta gode maka. Abin da aka yi ranar nan kuwa toshe baki ne.

Ke kuma ƙanwata, takardunki suna wurina, na yi miki alama a wurare huɗu da nake ganin zaren ya yi sako-sako, musamman inda mai gari ya yarda a buɗe gorar mahaifinsa ba tare da gardama ba. Ba na jin mai gari zai yarda da sauƙi haka. Zo ki karɓa ki gyara. Ina so in san wace gora suka bari ta ƙarshe.